Arromanches: Ƙauyen da Aka Jawo wa Tashar Jiragen Ruwa da Igiya

Idan ruwan teku ya janye a Arromanches, abin da ke fara ɗaukar idon baƙo shi ne wasu gabza-gabzan tubalan kankare da ke kwance a kan rairayi, gansakuka ta lulluɓe su, ƙarafan jikinsu duk sun yi tsatsa. Mutane kan taka har inda suke, su shafa, su leƙa cikinsu. Can nesa kuma, a cikin ruwa, ga wasu da suka ninka waɗannan girma sun yi sahu kamar rabin zobe, wasu na tsaye daram, wasu sun karkace, wasu igiyar ruwa ta raba su gida biyu. A Ingila aka zuba su, aka ɗaura musu igiya, aka jawo su tafiyar kilomita kusan 160 a kan teku, aka nutsar da su a nan cikin watan Yunin 1944. Su ne abin da ya rage na wata tashar jiragen ruwa da ta shiga sahun mafiya hada-hada a duniya na 'yan watanni, a gaban wani ƙauye da mutanensa a yau ba su wuce wajen 500 ba.

Cikakken sunan wurin Arromanches-les-Bains. Yana cikin lardin Calvados na yankin Nomandi, a arewa maso yammacin Faransa, bakin mashigin tekun da ya raba Faransa da Ingila. Tsakaninsa da tsohon birnin Bayeux kilomita 10 ne ko da ɗoriya kaɗan, birnin Caen kuma yana wajen kilomita 30 ta kudu maso gabas. Duk faɗin ƙasar ƙauyen bai kai murabba'in kilomita ɗaya da rabi ba. Gaɓar wannan yanki tudu ce mai tsayi, wadda teku ya yanke wa baki ta tsaya kamar ganuwa, amma a daidai nan sai tudun ya yi giɓi, wani ɗan rafi mai suna Arro ya gangaro ta ciki. A wannan giɓi gidajen suka zauna a cunkushe, tudun Tracy ya tsare su ta yamma, na Saint-Côme ya tsare su ta gabas. Bayansu gonakin alkama ne da makiyayar shanu da lambunan tuffa, abubuwan da aka san Nomandi da su.

Wanda ya tashi nesa da teku sai an yi masa bayanin abu guda kafin ya gane sauran labarin. Ruwan wannan mashigi ba ya zama wuri ɗaya. Sau biyu a kowace rana yakan cika ya kawo har gindin bangon ƙauyen, sau biyu kuma ya koma baya ya bar rairayi fili fetal na ɗaruruwan mita. Wata ne ke jan ruwan, shi ya sa a kwanakin tsayuwarsa da na cikarsa bambancin da ke tsakanin cikowa da janyewa yakan haura mita 6. Mai ƙaramin jirgin su bai damu da haka ba: ya jira ruwa ya kawo ya tura abinsa, in ya dawo ya ja shi kan yashi. Babban jirgin dakon kaya kuwa ba shi da wurin tsayawa. In ya matso sai ruwa ya janye ya bar shi a kafe, in ya tsaya nesa kuma iska da raƙuman ruwa su hana a sauke masa kaya. Saboda haka tun fil'azal Arromanches bai taɓa mallakar tasha ba. Masuntan da ke da manyan jirage sai Port-en-Bessin, can yamma.

Akwai kuma wasu duwatsu da ke kwance a ƙarƙashin ruwa, gabas da ƙauyen, waɗanda ake kira duwatsun Calvados. Daga gare su lardin ya samo sunansa jim kaɗan bayan juyin juya halin Faransa. Mutanen yankin suna da labarin cewa wani jirgin yaƙin Sifaniya mai suna San Salvador ne ya farfashe a kansu a 1588, sunan ya yi ta sauyawa a bakin jama'a har ya koma Calvados, ko da yake masana tarihi ba su gamsu da wannan labari ba. Abin da ba a musu a kai shi ne matuƙa jirage sun daɗe suna tsoron duwatsun. A riƙe su a zuciya, don za su sake fitowa nan gaba.

Ƙarni bayan ƙarni, rayuwar ƙauyen ba ta wuce su da noma ba. Sai a ƙarni na 19, da likitocin Turai suka fara kwaɗaita wa masu hali wankan teku, attajiran Bayeux da Caen da Paris suka soma zuwa hutun bazara. Aka gina otel-otel da gidajen shaƙatawa a bakin ruwa, aka sake gina cocin Saint-Pierre, aka kawo ƙaramin jirgin ƙasa daga Bayeux. Kalmar les-Bains da ke jikin sunan, wuraren wanka take nufi. Baƙi kan sayi katunan gaisuwa masu hoton rairayin da tudun, su aika wa 'yan uwa. Babu wanda ya san wata rana hafsoshin soja za su baje irin waɗannan katuna a kan tebur suna auna su da ma'auni.

A watan Yunin 1940 Faransa ta faɗi a hannun Jamus, sojojin Hitila suka mamaye Nomandi. Daga nan bakin teku ya daina zama na masu shi. Aka mayar da gaɓar yankin da baƙo ba ya shiga sai da takarda, aka taƙaita fita su, sojoji suka tare a gidajen shaƙatawar nan. A watan Maris na 1942 Hitila ya ba da umarnin gina abin da aka kira Katangar Atlantika, jerin ramukan kankare da igwa da nakiyoyi tun daga Norwe har iyakar Sifaniya. A kan tudun da ke gabas da Arromanches aka kafa tashar rada mai gano jirage. A Longues-sur-Mer, kilomita kaɗan ta yamma, aka girke igwa huɗu masu baki milimita 150, kowace a cikin ɗakinta na kankare. Da hafsan sojan Jamus Rommel ya karɓi aikin a farkon 1944 sai ya ƙara wa abin wuta: aka kakkafa itatuwa da ƙarafa a cikin rairayi aka ɗaura musu nakiya, aka tilasta wa mazan ƙauyuka aikin kafa turaku a gonakinsu don hana jiragen sama sauka.

Amma ƙarfin katangar ba daidai yake ko'ina ba, kuma dalilin haka shi ne gishirin wannan tarihi. Hafsoshin Jamus sun yi lissafi irin na masu hankali. Rundunar zamani ciki gare ta: kullum sai ta ci dubban tan na harsasai da man fetur da abinci da magani. Duk wanda ya sauke sojoji a Faransa, in bai kama babbar tasha cikin 'yan kwanaki ba, yunwa da ƙarancin harsashi za su gama da shi. Don haka suka zuba mafi yawan ƙarfinsu a Calais da Boulogne da Le Havre da Cherbourg da Brest, suka kuma ɗana musu nakiya yadda ko an ƙwace su za a tarar da kango. Wuri irin Arromanches, mai giɓi ɗaya da ruwan da ke gudu sau biyu a rana, ba ya cikin abin da ke hana su barci.

Ƙasashen ƙawance masu yaƙi da Jamus sun gwada ƙwatar tasha da ƙarfin tuwo, sun kuma ɗanɗana kuɗarsu. Ranar 19 ga Agustan 1942 sojoji wajen 6,000, kusan 5,000 daga cikinsu 'yan Kanada, suka far wa garin Dieppe. Cikin 'yan sa'o'i aka kashe 'yan Kanada fiye da 900, aka kama kusan 2,000, tankokinsu suka maƙale a cikin tsakuwar bakin teku. Hafsan sojan ruwan da ya jagoranci jiragen wannan hari, John Hughes-Hallett, yana cikin waɗanda suka dage daga baya cewa tunda ba za a iya ƙwatar tasha ba, to a tafi da ita daga gida. Tun kafin Dieppe ma, ranar 30 ga Mayun 1942, Firayim Ministan Birtaniya Winston Churchill ya rubuta wa babban hafsansa Lord Mountbatten wata gajeruwar takarda yana neman a ƙera gadoji masu hawa da sauka tare da ruwa, a warware matsalar anka, kuma kada a ɓata masa lokaci da lissafa wahalhalun aikin.

Ba kowa ya yarda ba, kuma ban ga laifin masu shakka ba, don abu ne da ba a taɓa yi ba. Ana ba da labarin yadda aka shawo kan wasunsu a watan Agustan 1943, a cikin jirgin Queen Mary, kan hanyar zuwa taron shugabannin ƙawance a Quebec. Wani masanin kimiyya, J. D. Bernal, ya tara manyan hafsoshi a banɗakin jirgin, aka cika bahon wanka da ruwa, aka zuba ƙananan jirage na takarda. Aka kaɗa ruwan, jiragen suka nutse. Sai aka hura rigar ceto aka kewaye wasu sababbin jiragen da ita, aka sake kaɗa ruwan, suka tsira. A taron na Quebec aka amince a gina tasha biyu, ɗaya ta Amurkawa ɗaya ta Birtaniya, aka sa musu sunan ɓoye Mulberry, wanda sunan wata bishiya ne da ba ta da alaƙa da teku.

Hausawa sun ce ba a fafe gora ranar tafiya, amma nan kam kusan haka aka yi, don abin da ya rage bai kai wata goma ba. Ma'aikata wajen 45,000 aka zuba a aikin, a wurare barkatai na Birtaniya, akasarinsu ba su san abin da suke ginawa ba. Mafi girman kayan su ne akwatunan kankare da aka kira Phoenix. Babbansu ya kai mita 60 a tsawo, mita 18 a tsayi, nauyinsa tan 6,000, cikinsa kuma rami ne mai ɗaki-ɗaki yadda zai yi iyo, in an buɗe masa famfo ya sha ruwa ya zauna a ƙasan teku. Da wuraren ƙera jirage suka yi kaɗan, sai aka haƙa ramuka a gefen kogin Thames, a zuba gindin akwatin a ciki, sannan a fasa bakin ramin ruwa ya ɗago shi. Waɗanda aka gama aka nutsar da su a gaɓar kudancin Ingila, wajen Selsey da Dungeness, suka jira ranarsu. Da lokacin tsamo su ya yi aka tarar famfunan da aka tanada sun yi kaɗan, aka shiga neman wasu ido rufe.

Abin da ya fi burge ni a duk aikin shi ne gadar. Wani matashin injiniyan soja, Allan Beckett, shi ya tsara ta: guntaye na ƙarfe, kowane wajen mita 24, a kan wasu kwale-kwale na ƙarfe ko kankare, an haɗa su yadda za su lanƙwasa su murɗa tare da ruwa ba tare da sun karye ba, kamar gaɓoɓin yatsa. Ya kuma ƙirƙiro wata anka mai ƙara nutsewa cikin ƙasa duk lokacin da aka ja ta. A ƙarshen gadar, can cikin zurfi, akwai dandamali mai ƙafafu huɗu na ƙarfe da ke taka ƙasan teku, shi kuma dandamalin yana hawa da sauka a jikinsu. Ko ruwa ya cika ko ya janye, jirgi zai jingina ya sauke, mota ta ɗauka ta bi gada har tudu. A Garlieston ta ƙasar Sikotilan aka gwada waɗannan kaya, saboda ruwan can ya yi kama da na Nomandi.

Sai kuma sanin ƙasar da za a je. Tun 1942 gidan rediyon BBC ya roƙi jama'a su aiko da hotunan hutu da katunan gaisuwa na gaɓar Turai, aka samu miliyoyi. Ƙananan jirage suka riƙa satar hanya da dare suna auna zurfin ruwa. A daren 31 ga Disamban 1943, cikin tsananin sanyi, Manjo Logan Scott-Bowden da Saje Bruce Ogden-Smith suka yi iyo suka fito gaɓa kusa da Ver-sur-Mer, gabas kaɗan da Arromanches. Suka yi rarrafe a kan rairayi, suna kwantawa duk lokacin da fitilar hasumiya ta hasko, suna huda ƙasa suna ɗibar samfur, yayin da sojojin Jamus ke can suna bikin sabuwar shekara. Abin da ake son sani shi ne ko akwai laka a ƙarƙashin yashin da za ta riƙe tanka. Suka koma da samfurinsu lafiya.

Ranar Talata 6 ga Yunin 1944, bayan jinkirin kwana ɗaya saboda lalacewar yanayi, sojoji wajen 156,000 suka sauka Nomandi ta sama da ta ruwa. An raba gaɓar gida biyar, Arromanches ya faɗo a yankin da aka kira Gold, rabon Runduna ta 50 ta Birtaniya. Da gangan ba a sauke kowa a gaban ƙauyen ba, don ana son rairayinsa a share, ba tarkacen jirage da tankoki. Da ƙarfe 7:25 na safe aka fara sauka gabas da shi, wajen Asnelles. Bataliya ta ɗaya ta rundunar Hampshire ta gamu da gamonta a Le Hamel, inda wata igwa ke ɓoye a ɗakin kankare, bayanta na kallon teku, bakinta na share tsawon rairayin. Luguden wutar jiragen ruwa bai taɓa ta ba. Kwamandan bataliyar ya ji rauni, aka kashe mataimakinsa. Sai da la'asar, bayan sun zagayo ta baya da taimakon wata tankar injiniyoyi mai harba ƙaton bam, suka murƙushe wurin. Daga nan suka hau tudun Saint-Côme, suka kama tashar rada, suka gangaro Arromanches ta tudu da maraice. Kafin dare ƙauyen ya fita daga hannun Jamus. Sojoji kusan 25,000 ne suka sauka a Gold a wannan rana. Washegari igwan Longues suka miƙa wuya, aka kuma shiga Bayeux ba tare da an rushe ta ba.

Mutanen ƙauyen, waɗanda suka kwana a ramuka da ɗakunan ƙasa suna jin ƙasa na girgiza, sun wayi gari sun ga teku ya cika da jirage har iyakar gani. Tun ranar 7 ga wata aka fara nutsar da tsofaffin jirage, baki da wutsiya, don su zama shingen farko. Sai akwatunan Phoenix suka fara isowa, ƙananan jirage masu ja suna tafe da su a hankali, tafiyar da ba ta fi saurin mai sassarfa ba, a kan kowane akwati ga 'yan sojoji da bindigar kakkaɓo jiragen sama. A daidaita akwati a wurinsa, a buɗe famfuna, cikin 'yan mintoci ya zauna. Guntayen gada da yawa sun nutse a hanya. Duk da haka ranar 14 ga Yuni aka fara sauke kaya, a daidai ranar da Janar de Gaulle, jagoran Faransawa masu yaƙi da mamayar Jamus, ya taka ƙasar Faransa ya yi jawabi a Bayeux.

Sai ga jarrabawa. Da asubahin 19 ga Yuni iska ta taso daga arewa maso gabas, ta yi kwana uku tana kaɗawa, irin guguwar da aka ce an shekara arba'in ba a ga kamarta ba a watan Yuni. Jirage wajen 800 ta watsar a kan gaɓa. Tashar Amurkawa da ke Saint-Laurent, a yankin Omaha, ta yi raga-raga: shingayen ƙarfe masu iyo suka tsinke suka riƙa dukan akwatunan, jirage suka afka wa gadoji. Amurkawan sun fi takwarorinsu saurin aiki, amma an ce ba su ɗaure duk ankokin da aka tsara ba, ga shi wurin nasu a buɗe yake ga iska. Ta Arromanches ta ji jiki amma ta tsaya. Injiniyoyin Birtaniya sun bi ƙa'idar ɗauri sau da ƙafa, sannan duwatsun Calvados ɗin nan da matuƙa ke gudu su ne suka karya ƙarfin raƙuman ruwan kafin su iso. Aka haƙura da ta Amurkawa, aka kwaso abin da ya yi saura aka gyara ta Arromanches da shi, aka raɗa mata suna Port Winston.

Da ta kammala, shingenta ya kai tsawon kilomita 8, ruwan da ta kewaye wajen hekta 500, wato ya ninka faɗin ƙauyen fiye da sau uku. An tsara ta sauke tan 7,000 a rana, a ƙarshen Yuli akwai ranar da ta haura 10,000. Dare da rana motoci na bin gadoji a jere, su fito ta 'yan lungunan da aka yi don amalanken masunta, har sai da aka rushe wasu gine-gine aka faɗaɗa hanya. Sama cike da balan-balan masu igiyar ƙarfe don tare jiragen Jamus, da dare kuma a turnuƙe tashar da hayaƙi. A Bayeux titunan tsakiyar gari suka kasa ɗaukar motocin, sojojin Birtaniya suka shimfiɗa hanyar da ta zagaye birnin, wadda har yau ake bi. Churchill da kansa ya zo a watan Yuli ya kwana a cikin jirgin yaƙi a tashar. Kafin a rufe ta a ƙarshen kakar wannan shekara, ta sauke kaya fiye da tan 600,000, da motoci wajen 40,000, da sojoji sama da 200,000.

Masana tarihi sun daɗe suna gardama a kan ko kwalliya ta biya kuɗin sabulu, kuma masu sukar suna da hujja. Bayan guguwar, Amurkawa sun koma tura jirage masu shimfiɗaɗɗen gindi kan rairayi, ruwa ya janye, a sauke kaya, ruwa ya dawo ya ɗauke su, kuma da wannan dabara kayan da suka sauke a Omaha sun zarce na Arromanches. A ganina wannan bai rage wa tashar daraja ba. A 1943, lokacin da ake yanke shawara, babu hafsan da zai yarda ya jefa sojoji dubbai a gaɓar da ba ta da tasha yana dogaro da sa'ar yanayi. Mulberry ce ta ba su ƙarfin zuciyar zaɓen Nomandi, inda Jamus ba ta zata ba, yayin da ake ta yaudarar Hitila cewa ta Calais za a ɓullo. Yaƙi ɗan zamba ne. Kuma tsoron nasu ya tabbata: Cherbourg ta faɗi a ƙarshen Yuni, aka tarar da tasharta a ragargaje, aka yi makonni ana share nakiyoyi. An kama Antwerp ranar 4 ga Satumba, amma jirgin kaya bai shige ta ba sai 28 ga Nuwamba. A tsakanin nan sauƙin da aka samu daga kudu ya zo, bayan saukar 15 ga Agusta a Provence, inda rundunar Faransa mai cike da sojojin Aljeriya da Maroko da na Afirka ta Yamma ta ƙwato Toulon da Marseille. Albert Speer, ministan makaman Hitila, ya amsa daga baya cewa wannan dabara guda ta mayar da ɗimbin kankaren da suka zuba a gaɓa aikin banza.

Akwai abin da ba na son hasken wannan fasaha ya rufe. Arromanches da Bayeux sun tsira da gidajensu, amma maƙwabtansu ba su tsira ba. Fararen hula wajen 20,000 ne suka mutu a Nomandi a wannan yaƙi, da yawansu a ƙarƙashin bama-baman waɗanda suka zo ceton su. Caen da Saint-Lô da Lisieux sun koma tarin duwatsu. Harsasan da aka sauke a kan gadojin Beckett a gonaki da garuruwan mutanen nan suka ƙare. Wanda ya ba da labarin tashar ya tsallake wannan bai cika amanar tarihi ba.

Bayan yaƙi aka kwashe ƙarafan. Guntayen gadar da yawa suka koma gadoji a kan kogunan Faransa, a wuraren da yaƙi ya karya na asali. An kai irin akwatunan Phoenix ƙasar Holan aka toshe madatsun teku da su, har a ambaliyar 1953. Waɗanda ke gaban Arromanches aka bar su inda suke. Raymond Triboulet, wanda aka naɗa jami'in mulkin Bayeux a Yunin 1944, shi ya tsaya kai da fata har aka gina gidan tarihi a bakin rairayin, Shugaban Faransa René Coty ya buɗe shi ranar 5 ga Yunin 1954, aka kuma maye gurbinsa da sabon gini a 2023. A nan aka yi babban bikin cika shekara 60 a 2004, inda a karon farko shugaban gwamnatin Jamus, Gerhard Schröder, ya zauna tare da shugabannin ƙasashen da suka yaƙi ƙasarsa. Yau ƙauyen da baƙi yake ci, kamar yadda ya fara a ƙarni na 19, sai dai abin da ke kawo su ya sauya.

An yi akwatunan ne don aikin kwana 90, ga shi sun haura shekara 80 a cikin ruwan gishiri, kowane hunturu teku na ɓantarar rabonsa. Mai karatu, idan Allah ya kai ka wannan yanki, ka tambayi lokacin janyewar ruwa kafin ka fito daga Bayeux, ka fara hawa tudun Saint-Côme inda ake ganin zoben gaba ɗaya, sannan ka sauko ka taka rairayin. In ka gama, kada ka juya sai ka shiga cikin gonaki tafiyar 'yan mintoci zuwa maƙabartar Ryes da ke Bazenville, wadda aka fara binne sojoji a cikinta kwana biyu bayan saukar. Kaburbura kusan 1,000 ne a wurin, kashi ɗaya cikin uku na Jamusawa.